Tallajar Wada Da Mai Girma Sarkin Gaggawa

Jama'a, jiya na ga abin al'ajabi a unguwarmu ta Mansur, nan ƙasa mai tsarki: na ga babban mutum yana sauri!

Maƙwabcina Wada, mai sayar da zoɓo, ya sayar da raƙumarsa ɗaya tilo ya sayo firij mai kananzir daga Jidda, wanda yaranmu ke kira tallaja. Dabararsa ita ce alhazai su zo bana su tarar da zoɓo mai sanyi a ƙofarsa. A kwance aka ɗauro ta a bayan mota, hanya ta jijjige ta son ranta. Mai kantin ya ja masa kunne: a miƙar da ita tsaye, a bar ta ta kwana, ruwan cikin bututunta ya koma mazauninsa. In an kunna kafin nan, to shi ke nan, ta lalace.

Muna tsaye muna kallonta sai ga motar wani Mai Girma. Ba zan faɗi ko wane ne ba, ina da iyali. Shi ne dai wanda tun ina da baƙin gemu muke roƙon ya kawo mana famfo yana cewa "bukra", wato gobe. Ya sauko, ya zagaya tallajar, ya shafa ta, sannan ya sanar da mu cewa wannan yana cikin ci gaban da ya kawo wa unguwa, kuma yanzun nan zai buɗe ta.

Wada ya durƙusa. "Ranka ya daɗe, an ce sai gobe."

"Gobe? Ya sheikh, wannan lalacin ne ya hana ku ci gaba. Komai gobe, komai gobe!"

Wallahi sai da na dafa bango. Sarkin bukra da kansa yake mana wa'azin gaggawa!

Hajara matar Wada ta leƙo daga bayan labule. "Malam, ka hana shi mana, raƙumarmu ce fa a tsaye a nan!" Ina! Wa ya isa? Aka miƙa wa Mai Girma ashana, ya kunna lagwani, 'yan rakiya suka tafa. Tallaja ta yi ƙululu, ta yi gurnani, ta yi tsit. Mai Girma ya shiga mota ya tafi, ya ce washegari da hantsi zai kawo baƙi su sha sanyi.

Da safe na tarar da Wada ya zura kai a cikinta. Ɗumi kamar hammata. Idonsa ya yi ja, ni ma raina ya ɓaci ƙwarai, don na san babu wata raƙumar da zai sayar. Na ce ya kai kuka. Ya ce, "Wa zan kai wa, Tijjani? Shi ne mai karɓar kukan."

Hajara ce ta fid da mu kunya. Ta ɗebo zoɓon da ya kwana a tsohuwar randarta, ta jera kwanuka cikin tallajar, ta rufe. Mai Girma ya iso da baƙinsa, ya kurɓa, ya lumshe ido.

"Kun ji sanyi? Da na biye wa wannan bawan Allah, da har yanzu kuna jira."

Wada ya tattaro ƙarfin hali ya roƙi a taimaka masa da mai gyara kafin alhazai su sauka. Mai Girma ya dafa kafaɗarsa cikin tausayi ya ce, "Bukra, in sha Allah."

Ni dai na roƙi Hajara ta ɓoye randar nan a ƙuryar ɗaki. In Mai Girma ya gan ta, ita ma buɗe ta zai yi.