Burabuskon 'Yan Adawa

Ba zan taɓa mantawa ba da wata Juma'a da na ji kunya har na rasa inda zan sa kaina, kuma ni na jawo wa kaina da bakina.

Ni da maƙwabcina Alhaji Modu, Babarbare da iyayensa suka zo Azare daga Borno, katanga ɗaya ce tsakaninmu. Shekara da shekaru a kwano ɗaya muke sa hannu. Sai zaɓe ya zo, shi ya bi waccan jam'iyya, ni na bi wannan. Muka fara da tsokana irin ta Fulani da Barebari, muka ƙare da gaba. Majalisar unguwa ta rabu biyu: su suna gindin dalbejiya, mu muna rumfar Sale mai faci. (Ɗan takarar da nake wannan haƙilo dominsa ko sunana bai sani ba. Sau ɗaya ya taɓa ɗago mini hannu daga cikin mota, shi ma ina zargin da na bayana yake.)

Na shiga gida na kafa wa matata doka. "Hajara, daga yau ba kai kwano gidan Modu, ba karɓa." Ta ce, "To, Malam." Saurin da wannan "to" ɗin ya fito ya isa ya sa mai hankali tunani.

Ba a jima ba sai burabusko ya fara bayyana a gidana duk Juma'a, wara-wara, da miyar yakuwa mai ƙamshi. Abin ya ɗaure mini kai. Hajara Bafulatanar Katagum ce, dama fura ta gada, kuma duk sanda ta gwada burabusko a baya caɓewa yake kamar fate. Yaushe ta ƙware? Na tambaye ta, ta ce a waya ta koya. Na yarda, har na riƙa ba mutane labarin amfanin waya.

Al'adarmu, in an sauko daga masallaci kowa ya fito da kwanon gidansa a haɗu a ci. Ranar na dire nawa a rumfa ina hura hanci. Hira ta koma kan mutanen dalbejiya, ni kuwa baki ya buɗe.

"Ni fa ko ruwan gidan mutanen can ba ya wuce maƙogwarona," na faɗa, da loma a hannuna. "Wanda ya ci nasu ya zama nasu!"

Daidai nan Sale ya juya murfin kwanona zai tara ƙashi a kai. Ka san mata suna rubuta suna da jan farce a bayan kwanukansu don kada su ɓace a gidan biki. Ya ƙura ido, ya karanta da ƙarfi: "Ya Falmata."

Duk unguwa Falmata ɗaya ce, matar Alhaji Modu.

Nan take dariya ta ɓarke. Wani ya ce, "Malam, ashe kai ta ciki kake yi mana anti-fati!" Lomar nan na kasa kai ta baki, na kasa mayarwa. (Gaskiya daga baya na cinye ta. Abinci bai yi laifin komai ba.)

Na faɗa gida ina huci. Hajara ko ɗagowa ba ta yi ba daga tankaɗen da take yi.

"Malam, ni da Ya Falmata ba mu tsaya takarar komai ba. Ta kan katanga muke miƙa wa juna. Shi ma Alhajin kullum furar gidan nan yake sha."

"Ya san ni ke cin burabuskon?"

"Shi ke tuna mata kada ta cika barkono, wai kana da olsa."

Wata tara ina ɗauke kai in na gan shi, ina kiran sa maci amana a rumfa, shi kuwa yana lura da cikina. Kunyar majalisa sai ta zama ƙarama.

Da kaina na ɗauki kwanon na nufi gindin dalbejiya. Na yi sallama. Modu ya dube ni ya gyara zama a kan benci.

"Bafulatani, sauya sheƙa ka zo yi, ko ƙari kake nema?"

Har yau ba jam'iyyarmu ɗaya ba, musu kuwa muna yin sa kamar za a daku. Abin da na koya dai shi ne, kafin ka yi gaba da mutum a kan ƙuri'a, ka fara bincika ko shi ne yake hana a zuba maka barkono.