Gwiwar Surukata da Lamba Tara

Ba zan taɓa mantawa ba, ko da na so, da yammacin da na tambayi surukata labarin gwiwarta.

Aikina a ɗakin adana bayanan marasa lafiya yake, a wani asibiti wajen Bagwai. Likita ya rubuta cutar da ya gani, ni kuma in nemo lambarta in shigar a kwamfuta. Kowace cuta da tata lambar, amma ni kullum zazzaɓin cizon sauro, gudawa, hawan jini. Shi ya sa in aiki ya lafa nakan zauna ina karanta lambobin cututtukan da ban taɓa gani ba, kamar mai kallon taswirar ƙasashen da ba zai je ba. Ta taga dawa na kaɗawa a gonaki, ni kuwa na yi nisa.

Wata rana wani likita da ke zuwa mana daga Kano ya bar min fayil. Amosanin gaɓɓai ne, irin wanda garkuwar jiki ke juyowa ta yaƙi mai ita. Ya kama gwiwa, ya kumbura saifa, ya rage fararen ƙwayoyin jini. Akwai masu irin aikina da za su yi ritaya ba su shigar da lambar nan ba. Sunan mai fayil ban ma duba ba (kada ku ga laifina da yawa, mu lamba muke gani). Matsalar ita ce, lambar na ƙarewa da ɗaya in gwiwar dama ce, biyu in ta hagu, tara in ba a fayyace ba. Likita bai fayyace ba, ya kuma koma Kano. Na sa tara, raina bai so ba. Taran nan har barci ta bi ni. Na yi mafarkin wata gwiwa tana shawagi bisa gonaki, ba dama ba hagu.

A makon ne Gwaggo Lami, ƙanwar mahaifina, ta kai ni gaida mahaifiyar Murja, yarinyar da nake nema. Sa rana kawai ya rage, kuma kowa ya san ba a yanke komai a gidan sai Inna ta yi na'am. Tun a hanya Gwaggo ta ja min kunne: in durƙusa daga nesa, in gaida, in sunkuyar da kai, in yi shiru. Suruki ba ya kallon surukarsa, balle hira.

Haka na yi. Na durƙusa a inuwar darbejiya, su kuma suka shiga hira. Iska na ƙamshin ruwan sama, kurciya na kuka, can a maƙwabta wata na daka. Sai na lula. Muryoyinsu suka koma kamar rediyon da aka rage wa sauti. A haka na ji Inna na gaya wa Gwaggo cewa gwiwa ta sa yanzu a zaune take salla, har likitan Kano ya ce saifarta ta kumbura, kuma irin ciwon nata ba kasafai ake ganinsa ba.

Ban san lokacin da na ɗago kai ba. Fuskata fal murna, na dubi ƙafafunta, na ce:

"Alhamdu lillahi! Ashe ke ce, Inna. Wallahi na daɗe ina nemanki. Ta dama ce ko ta hagu?"

Ji na yi kamar har mai dakan nan ta tsaya. Inna ta ja mayafi a hankali ta rufe ƙafafunta, ta juya fuska ga bango. Murja, da ke leƙe daga ɗaki, ta saki labule.

"Tashi mu tafi, ɗan nema," in ji Gwaggo, murya ƙasa-ƙasa.

A hanya ta ce tun da take ba ta taɓa ganin wanda ya yi hamdala kan ciwon surukarsa ba, kuma in aka fasa ba ni yarinyar, kada in zo mata da kuka.

Kwanaki suka wuce shiru. Murja ba ta ɗaga wayata. Na fara hango kaina na tsufa ni kaɗai tsakanin fayiloli (har furfurar na hango, ta yi min kyau).

Sai ga kiranta wata safiya, tana danne dariya.

"Inna ta ce a gaya maka ta hagu ce. Ta ce duk masu zuwa yi mata sannu, kai kaɗai ka tambayi wacce ce. Kuma tunda ka daɗe kana nemanta, to ga ta: duk ranar ganin likita, kai za ka nemo mota ka raka ta."

Aka sa rana bayan kaka.

Abin haushin, ban iya goge taran ba. Ƙa'idar aikinmu ba a shigar da abin da likita bai rubuta ba, ko da surukarka ce ta faɗa da bakinta. Sai da ya dawo ya rubuta "hagu" da hannunsa, sannan na sa biyu.

Tun daga nan, in wani abin da ba kasafai ake gani ba ya faɗo hannuna, kafin in yi hamdala sai na duba a jikin wa yake. Inna kuwa har yau, in na shiga gidan, kafin in ƙarasa sallama ta rufe ƙafa.