Na Kusa da Ido Shi Ke Girma

Allah Ya yi wa layinmu baiwa da mai zane, kuma ba ƙaramin mai zane ba. Da can allunan shaguna yake rubutawa, yana zana wa masu aski kawunan da ba a bambanta su da kankana. Sai ya je wani kwas, ya dawo da faffaɗar hula, da tabarau ba na ciwon ido ba, da kalma guda: mahanga. Tun daga nan muke ce masa Malam Mahanga, shi kuwa ya ɗauka sarauta aka naɗa masa.

Bai ƙara kallon mutum da ido biyu ba. Sai ya kanne ɗaya, ya miƙa fensir, ya auna ka daga kai har ƙafa kafin ya amsa gaisuwa. Ka ce rana ta yi zafi, ya ce daga mahangarka ke nan. Ranar da ya gogi motar maƙwabci da babur, ya yi masa bayani dalla-dalla cewa daga inda shi yake zaune, motar ce ta matso. An ce laifi tudu ne. Gwaninmu ya hau nasa har ya kafa kujera.

Abu ɗaya ya rage masa a duniya: shagon da ke jikin gidan surukinsa, wanda yake so ya mayar wurin baje zane. Matarsa ta yi ta sintiri tana roƙon mahaifinta, har tsohon ya gaji ya ce to, ya zana masa hoton iyali na ratayawa a falo. In ya yi kyau, makulli nasa ne. Wani mai faci ma yana neman shagon, amma wa zai haɗa fasaha da taya?

Aka jera iyali a falo. Tsoho a kujerarsa can ƙurya, tsohuwa a gefensa, 'ya'ya da jikoki a gabansu. Matar mai zanen ta ja mijinta gefe ta roƙe shi don Allah ya yi hoto irin na mutane. Ya ce ilimi ba ya jin lallashi.

Da ya gama, ya gayyato mu maƙwabta, ya sa aka yi tsit, sannan ya yaye ƙyallen da ya rufe allon katakon.

Rabin hoton Malam Mahanga ne. Shi ne a gaba, da hula da tabarau, hanci kamar murfin tukunya. Bayan kafaɗarsa jikoki, bayansu 'ya'ya, kowa yana ƙanƙancewa. Can ƙarƙashin kunnensa, wani ɗigo mai farin gemu.

Tsohuwa ta tambaya ina maigidan. Ya nuna mata da tsinin fensir.

"Baba, ƙa'ida ce, ba raini ba," in ji shi, yana gyara tabarau. "Na kusa da ido shi ke girma, na nesa ya ƙanƙance. Ku kuka zauna a ƙurya. Ni kuwa babu wanda ya kai ni kusa da kaina."

Matarsa ta sunkuyar da kai kamar ƙasa ta tsage ta shige. Wallahi ni kaina na tausaya mata.

Tsoho ya matsa, ya yi ta lalube har ya gano kansa. Bai yi faɗa ba. Ya ce ido ba mudu ba ne amma ya san kima, sannan ya aika a kawo zarto.

Rabin da ke da iyali yana rataye a falo, kuma ya yi kyau. Ɗaya rabin ya bi makulli zuwa hannun mai faci, wanda ya jingina shi a bakin shago yana tare masa rana. Har yau Malam Mahanga ne a gaba, da tsohuwar taya rataye a kunnensa.