Rasuwar Dattijo Mai Inji Uku

Da zuciya cike da baƙin ciki, da ƙafar da ta kasa tsayawa wuri ɗaya, Kyaftin, matuƙin da ya fi kowa daɗewa a kamfanin jiragensu, yana sanar da 'yan uwa da abokan arziki rasuwar jirginsa, wanda ma'aikata ke kira Dattijo. Shi ne mai inji uku na ƙarshe da ya rage wa kamfanin, biyu a ƙarƙashin fukafukai, ɗaya a wutsiya. Ya cika a rumfar gyara, makanikai na zagaye da shi, kowa da sifana a hannu, babu mai iya kallon idon wani.

Marigayin mai haƙuri ne, mai ɗaukar nauyin jama'a. Ya ɗauki masu kuka da masu amai, ya ɗauki masu rantsuwa cewa jakarsu ba ta da nauyi. Ba ya ɓoye abin da ke cikinsa. Gabansa agoguna ne birjik masu allura, in ɗaya ta maƙale sai Kyaftin ya ƙwanƙwasa gilashin da farce, nan take ta faɗi gaskiya. Da safe yakan fara da "wiiii", ya yi gyaran murya "gur-gur-gur", sannan ya saki rurin da ke kaɗa tagogin unguwa guda. Aibinsa ɗaya ne, ci gare shi, mai ba ya isarsa, kuma na ofis ba su taɓa yafe masa wannan ba.

Ya daɗe yana jinya. Tsatsa ta kama gindin fiffikensa, injin wutsiya ya fara yoyo, masu ƙera kayan gyaransa kuma tuni suka daina. Aka yi ta ciro sassan 'yan uwansa da suka riga shi ana dasa masa, har su ma suka ƙare.

Ya bar ƙanne masu inji biyu, dogaye da gajeru, masu tsimin mai da ƙarancin surutu. Ya bar wani ƙato mai hawa biyu da ba ya gaida kowa, da jikoki masu farfela da ke zirga-zirgar ƙananan garuruwa. Ya kuma bar Kyaftin, kuma a nan maganar take. Matuƙi ba ya hawa kowane jirgi, kowane iri da lasisinsa, shi kuwa Kyaftin lasisin irin Dattijo kaɗai ke gare shi. In bai ci jarrabawar sabon iri ba, ya gama tashi ke nan.

Ya gwada sau ɗaya. Aka sa shi a ɗakin gwaji mai kama da kan sabon jirgi, ko'ina allon kwamfuta. Da aka kashe masa inji don a ga yadda zai yi, sai ya waiwaya yana neman injiniya ya karanto masa mai, don a cikin Dattijo mutum na uku ne ke zama a baya yana wannan aiki. Mai jarrabawar, wanda tsohon ɗalibinsa ne, ya sunkuyar da kai ya ce, "Ranka ya daɗe, babu kowa a bayanka." Aka ba shi dama ɗaya ta ƙarshe.

Tun daga ranar bai zauna ba. Ya goge takalmi, ya sake gogewa. Ya buɗe littafin sabon jirgi a falo, ya rufe shi a kicin, ya fita ƙofar gida ya ɗaga kai sama, ya dawo. Tsoro yake ji, kuma ya sani. Matarsa ta ce, "Baban yara, don Allah ka sa wa jikinka ruwan sanyi, jiri kake sa ni."

Game da jana'iza: makanikai sun tabbatar gawar za ta iya tashi sau ɗaya, ba fasinja, zuwa filin da ake yanka tsofaffin jirage. Izinin tashin na ranar Laraba ne kawai. Jarrabawar Kyaftin ma Laraba ce, kuma ofis ya ce babu wadda za a ɗaga. Kamfanin ya yi tayin ɗauko hayar wani matuƙi daga waje. Matarsa ta roƙe shi ya yarda. Ya daɗe yana zagaya falon, sannan ya ce, "Baƙo? Ina raye?"

Saboda haka Kyaftin ne zai kai gawar da kansa, shi da mataimaki da tsohon injiniyansu. Masu rakiya su taru a bakin rumfar gyara da hantsi, ba a buƙatar jawabi. Za a karɓi gaisuwa a gida, in an same shi zaune. Zai dawo da yamma cikin ɗaya daga ƙannen marigayin, da tikiti a hannu kamar kowa. Ya roƙi alfarma ɗaya wurin masu raba kujeru, kada a ba shi gefen taga, don kada ya hango inda ya bar Dattijo.