Ranar da Na Ara wa Fim Bakina

Ku gyara zama, ku ba ni kunnuwanku. Ba zan taɓa mantawa ba da ranar da aka kawo lefen jikata Rukayya a gidanmu na Kurmin Sarki.

Dangin ango sun iso da hantsi, da akwatunansu. Abinci bai sauka ba, sai aka shigar da su ɗakina su jira. Aka kawo wuta, wata ta kunna talabijin. Sai ga wani tsohon fim na Turawa, baƙi da fari, mutane na motsa baki babu murya, sai kiɗa, sai rubutu ya fito ya ɓace. Masu boko duk suna madafa.

"Iya, an ce ke ce gwanar tatsuniya," in ji wata mai koren mayafi. "Faɗa mana me suke cewa."

(Da ina da hankali, da na ce idona ba ya gani.)

Na duba. Ga wani talaka an ƙwace masa gona, wani mai ƙaton tumbi ya yi masa shaidar zur gaban alƙali, an tasa ƙeyarsa kurkuku. Raina ya ɓaci, don kuwa haka aka yi wa maigidana Malam, Allah ya jiƙansa, a kan gonarmu ta Maje. Shi ba a ɗaure shi ba, baƙin ciki ne ya kwantar da shi.

"Wannan Malam ne," na ce. "Mai tumbin kuwa Ɗan'asabe dillali ne, wanda ya rantse gonar ba tamu ba ce."

Na ara wa mai tumbi murya, na kwaikwayi tafiyarsa. Na faɗi abin da ya ci, na ƙara da wanda bai ci ba. Mata suna ta dariya, kaina na ƙara kumbura. Ban lura mai koren mayafi ta daina dariya ba.

Talaka ya fito daga kurkuku da furfura, ya tarar da maƙiyinsa kwance ba lafiya, ya zaro wuƙa. Na miƙe tsaye, ɗankwalina ya zame.

"Soke shi! Soke Ɗan'asabe, ɗan wuta!"

Sai mutumin ya jefar da wuƙar. Ya ɗebo ruwa, ya tallabo kan mai tumbi, ya ba shi a baki.

Ga ni ni kaɗai a tsaye, kai a buɗe, hannu a sama.

"Iya," in ji mai koren mayafi, "Ɗan'asabe mahaifina ne, kakan ango ta wajen uwa. Yana kwance a Iku, ko juyawa sai an juya shi. Yaron ne ya roƙe mu kada mu ambaci sunansa a gidan nan." Ta gyara mayafinta. "Ku ɗauko mana akwatunanmu."

Na so in ce wasa nake yi. Bakin da ya yi ta zuba tun hantsi ya ƙi buɗewa.

Ga yadda kowa ya ƙare. Ango ya auri wata a wurin aikinsa a Abuja. Ɗan'asabe ya rasu da damina, bai aiko in yafe masa ba, ni ma ban je gaisuwa ba. Gonar Maje ta cika da gidajen haya. Rukayya tana nan, kullum da safe ta kawo mini kunu, ta ajiye, ta ce "Ina kwana, Iya," ta juya. Ni kuwa tun daga ranar, in na ga abu ya rufe bakinsa, ba na ara masa nawa.