Sallau da Kwamfutar Baba Jatau

Ku gyara zama, ga labari ya iso. Wannan ba na aljanu ba ne, na mutanen ƙauyen Rafin Kanya ne.

A bakin kasuwar ƙauyen akwai gidan wani tsohon maƙeri da ake kira Baba Jatau, mutum mai zafin rai tun yana saurayi. Shi da matarsa Inna Tabawa 'ya'ya biyu Allah ya bar musu. Babbar, Kuluwa, ma'aikaciyar jinya ce a birni. Ƙaramin shi ne Sallau, ƙato mai shekara talatin da ɗoriya, ga ƙarfi ga farar zuciya. Aibinsa guda ne: abin da aka faɗa masa shi zai yi, ba ragi ba ƙari. In ka ce ya jira ka a gindin bishiya, ko ruwa ya sauko da ƙanƙara a nan za ka same shi.

Ana nan sai ciwon shanyewar ɓarin jiki ya kama Baba Jatau. Baki ya dawo sarai, ƙafa ma ta ɗan dawo, amma hannun dama ya kwanta. Likita ya ce hannun bai mutu ba, sai dai in ba a motsa shi kullum, nan da 'yan watanni zai ƙage, ba zai sake tashi ba. Baba ya ƙi. Ya shige ɗaki ya juya wa duniya baya, ba ya fita, ba ya motsa hannun, tuwo ma loma biyu yake yi ya ture kwano. Faɗa kaɗai ya rage masa, shi kam bai ragu ba ko kaɗan.

Kuluwa ta san bayan ƙira babu abin da ubanta yake so kamar dara. Sai ta ba direban motar kasuwa kwamfutar tafi-da-gidanka ya kawo gida, haɗe da wani ɗan ƙarfe kamar yatsa da ake kira filashi, wanda wasan dara na kwamfuta yake ciki. Ta ce in aka ɗora wasan a kan kwamfutar, wataƙila Baba ya yi sha'awa ya riƙa danne-danne da hannun. Ita aiki ya hana ta zuwa, saboda haka sai ta riƙa koya wa Sallau ta waya.

Wata rana, ranar da kwamfutar ta iso ke nan, Kuluwa ta kira ta ce, "Sallau, abin nan ba ya son zafi. Ka nemi wurin da ya fi ko'ina sanyi ka ajiye shi." Ya ce, "To, Yaya." Ya zaga gida, ya zaga unguwa, ya ga babu inda ya kai cikin rijiyar masallaci sanyi. Ya naɗe kwamfutar a leda, ya sa ta a guga, ya zura har ta kusa ruwa, ya ɗaure igiyar a jikin itace, ya zauna a bakin rijiyar. Mata suka zo ɗiban ruwa ya hana su. Ladan ya zo zai cika butoci ya hana shi. Kafin azahar an taru ana ta hayaniya, har aka je aka kira Inna Tabawa. Ta iso tana haki, mayafi a hannu. Ta ce, "Kai, wane irin ɗa ne kai? Fito da ita kafin in jefa ka ka bi ta!" Ya ce, "Inna, Yaya ce ta ce." Ta ce, "Yayarka ta ce ka hana Musulmi alwala?" Ya ce, "Ba ta ce in hana ba, ba ta kuma ce in bari ba." Da labari ya kai ɗaki, Baba Jatau ya yi ta zagi har muryarsa ta dishe, ya kuma ƙi cin abincin rana.

Wata rana kuma aka ce sai an kai kwamfutar wurin mai caji a tashar mota, domin gidan babu lantarki. Kuluwa ta ce, "Tasha cike take da masu ɗan hali. Kada ka ɗauke ido daga kanta har ka dawo gida." Sallau ya je, ya zauna ya zuba mata ido. Mai caji ya gaishe shi, ya amsa ba tare da ya dube shi ba. Da ta cika ya ɗauko ta a tafin hannu biyu kamar mai kai wa baƙo ruwa, ya kamo hanya yana kallonta. Ya taka tiren mai gyaɗa, ya bangaje mai keke, duk ana ta tsine masa bai waiwaya ba. Can bayan makarantar firamare akwai kududdufin da ake haƙar ƙasar gini, kuma damina ce. Sallau ya faɗa ciki har ƙirji, amma ya ɗaga hannu sama, ko ɗigo bai taɓa kwamfutar ba. Haka ya shigo gida, taɓo har haɓa, takalmi ɗaya. Inna ta riƙe baki ta ce, "Na shiga uku! Ba ka ganin gabanka ne?" Ya ce, "Yanzu dai zan iya gani, Inna, tunda na iso." Daga cikin ɗaki Baba ya ɗaga murya: "Ku fitar min da wannan farantin tsiya daga gida, ko ku fitar da ni!"

Wata rana aka zo ɗora wasan. Kuluwa ta bi da shi a hankali, ya kunna, ya soka filashin a gefe, ya danna inda ta ce. Sai ga rubutun Turanci ya cika fuskar kwamfutar. Ta ce, "Yauwa. Yanzu za ta riƙa yi maka tambayoyi. Duk abin da aka tambaye ka, kai dai ka amince. Ana kirana, ga marar lafiya." Ta kashe waya. Sallau ya zauna a zaure, ya fuskanci kwamfutar ya ce, "Na amince." Ba ta motsa ba. Ya ƙara da ƙarfi, "Na amince!" Yana cikin haka sai ga maƙwabcinsu Barau, wanda ya daɗe yana neman aron zugazugin Baba Jatau, abin hura wutar maƙera, Baba kuwa ya rantse ba mai taɓa masa shi in dai yana numfashi. Barau ya tsaya ya saurara, ya gane inda aka kwana. Ya ce, "Sallau, in ɗauki zugazugin nan na kwana biyu?" Sallau ya ce, "Na amince." Barau ya ce, "Har da babbar guduma?" Ya ce, "Na amince." Ƙarar jan guduma a ƙasa ce ta kai kunnen Baba. Ya rarumi takalmi da hagu ya wurgo ta ƙofa, ya sami Sallau a ƙeya. Ya ce, "Ban mutu ba har an fara rabon gadona? Tabawa! Zo ki ga abin da kika haifa!" Inna ce ta bi Barau har gida ta ƙwato kayan, ta dawo tana huci, ta kira 'yarta ta ce, "Ke, ki faɗa masa da yatsa ake amincewar nan, kafin ya bayar da mu gaba ɗaya."

Wata rana, bayan an gane wurin dannawa, sai wani koren layi ya fito yana tafiya sannu sannu. Kuluwa ta ce, "Alhamdu lillahi, wasan ne yake shiga. Kada ka taɓa komai, kada ka bar kowa ya taɓa komai, sai layin nan ya kai ƙarshe." Sallau ya ajiye kwamfutar a tsakar gida ya miƙe tsaye, hannu a sama. Inna ta ɗora tuwo, ta miƙa hannu za ta ɗauki muciya, ya tare ta. Ta ce, "Matsa." Ya ce, "Sai layi ya kai, Inna." Ta nufi ludayi, ya tare. Ta nufi tsintsiya za ta kwaɗa masa, ya riga ta isa ya tsaya a gabanta. Tuwo ya kama, ƙauri ya cika gida, akuya ta shigo ta sa baki a cikin tsaki ba mai korarta. Baba ya ce a miƙo masa buta, Sallau ya ce, "Baba, saura kaɗan, ya wuce rabi." Abin da Baba ya faɗa a wannan rana ba zan maimaita muku ba, akwai yara a nan. Layin ya kai kamar saura faɗin ƙwayar gero, sai caji ya ƙare, fuskar kwamfutar ta yi baƙi. Inna ta zauna a kan turmi ta fashe da kuka, don ta ga kwana goma sun tafi a banza, hannun mijinta kuwa yatsun sun fara lanƙwashewa.

Wata rana dai Allah ya yi, wasan ya shiga. Sallau ya kai kwamfutar gaban Baba, ga gurabun dara sun fito a jere gwanin kyau. Baba ya saci kallo, ya kau da kai. Sallau ya danna wani wuri, sai komai ya tsaya, wata 'yar ƙawanya tana ta juyawa. Ya kira Kuluwa ya bayyana mata. Ita kuwa ta gaji, ta ce cikin faɗa, "Haba Sallau! Na mutum biyu ka danna! Ai yanzu ba zai tashi ba sai an sami na biyu da zai kara da Baba. Tsaya in..." Sai layin waya ya yanke.

Sallau ya zauna ya yi tunani. Duk Rafin Kanya mutum ɗaya ne ya isa ya kara da Baba a dara, wato Malam Tanko marini. Sai dai shekara goma sha ɗaya ke nan ba sa ga maciji, tun ranar da Tanko ya ce Jatau ya matsar da ɗan dara lokacin da shi ya juya zai tofar da goro. Sallau ya tashi ya tafi gidansa, ya same shi a kan tabarma yana shafa wa gwiwa man zafi. Ya durƙusa ya ce, "Baba Tanko, an ce ka zo ka kara da Baba." Tanko ya ce, "Ni? Gidan ɓarawon dara? Ko gawata ba za ta shiga ba." Sallau ya ce, "Yaya ta ce ba zai tashi ba sai an samu." Ya sunkuya ya naɗe tsohon da tabarmarsa ya saɓa a kafaɗa. Haka suka ratsa kasuwa, Tanko yana dukan bayansa da sanda yana kiran jama'a su shaida, har cikin ɗakin Baba Jatau. Ya dire shi a hankali ya ce, "Baba, ga na biyu."

Tsofaffin suka dubi juna. Baba ya ce, "Wa ya kawo min wannan mai baƙin farce?" Tanko ya gyara hula, ya dubi hannun da ke kwance a kan cinya, ya ce, "Af! Ashe hannun da ya cuce ni ne aka kama. Allah ba ya barci." Baba ya yunƙura ya zauna sosai, abin da ya yi wata huɗu bai yi ba. Ya ce, "Ƙarya kake, Tanko! Ranar nan cinye ka na yi tas, yau ma zan cinye ka!" Tanko ya ture kwamfutar da sanda ya ce, "A wannan farantin? Ni ba yaro ba ne." Baba ya ce, "Sallau, tona mana gurabu a nan." Sallau ya tona talatin a daɓen ɗakin da Inna ta sha wahalar yi, ya kawo tsakuwa da karare.

Baba ya miƙa hagu zai ɗauki tsakuwa. Tanko ya buge hannun ya ce, "A'a. Ba da hagu ka cuce ni ba. Wancan nake jira, in kuwa ba zai iya ba, ka ce na fi ka in tafi gida." Baba ya cije leɓe, gumi ya keto masa. Hannun ya yi rawa, ya ja jiki a kan cinya, ya sauka ƙasa. Yatsu biyu suka kama tsakuwa, ta suɓuce, suka sake kamawa, suka kai ta gurbi. Tanko ya ce, "Banzan wuri ka sa." Baba ya ce, "Sa naka ka gani." Inna tana bakin ƙofa ta toshe baki da mayafi. Can Baba ya ce, ko dubanta bai yi ba, "Tabawa, kawo tuwo da yawa. Kada tsohon nan ya ce yunwa ce ta sa na yi masa sauƙi."

Suna cikin musu a kan wasa na uku sai ga wayar Kuluwa. Ta ce, "Sallau, ya aka yi? Ihun me nake ji?" Ya ce, "An sami na biyu, Yaya. Baba ya ci ɗaya, an cinye shi ɗaya, kuma da dama yake yi." Ta ce da wata irin murya, "Da dama?" Ya ce, "Da dama. Sai dai kwamfutar har yanzu tana ta juyi tana jira. In je in samo mata nata ita ma?"

Inna ta fizge wayar ta ce, "Ke, don girman Allah kada ki ce masa komai. Ki yi sallama kawai."

Nan na naɗe tabarmar labarina. Tanko kuwa washegari da ƙafarsa ya dawo, wai ya zo rama cuta.