Askin Safiyar Talata

"Ina kwana, Ango? Ashe ka kai yau ma."

"Na kai, Amarya, duk da irin addu'ar da kike yi mini. Kin tashi lafiya?"

"Lafiya lau. Ya ƙafa? Ya baya? Ya ido? Kai, in na tsaya gaida duk abin da ke ciwo a jikinka sai na makara."

"Gaida kofin shayina kawai, na ga shi kike kallo."

Kaka yana zaune a baranda kan kujerarsa ta katako. Tsohon malamin makaranta ne, kuma tun yana saurayi a makarantar mishan aka cusa masa cewa mutumin kirki ba ya fita da gashi a haɓa. Ya jera kayan aski kan ƙaramin tebur yadda ya saba: kwanon ruwan ɗumi a dama, sabulu da burushi a hagu, aska a tsakiya kan tawul a ninke, madubi jingine da bango. Jerawar ce kaɗai ta rage masa, don hannunsa ya daɗe da fara rawa, sai mai aski ya zo ya yi masa.

Ya dubi jikarsa ta saman tabarau. Farar rigarta ta aiki ta sha guga, amma yatsunta sai murza igiyar jaka suke yi. Ubanta ya riga ya ba shi labari. Koyon aiki take yi a ɗakin gwajin jini na asibiti. Kwanakin baya hannunta ya yi rawa, ta kuskure jijiyar wani ƙaton mutum, ya daka mata tsawa a gaban jama'a. Yau shugabar sashen za ta tsaya a kanta tana kallo, in ta sake kuskurewa ba za a riƙe ta ba.

"Ka ga saƙon da na tura maka a waya?" in ji ta.

"Na ga hoton wani fure da tsuntsu, an rubuta Barka da Talata, Allah ya buɗe ƙofofi. Wa ya rubuta?"

"Ina na sani? Ni ma turo mini aka yi."

"Wato albarkar ta bi hannu dubu kafin ta iso ni, duk ta yi dauɗa. Mu a zamaninmu..."

"An fara. Bari in zauna, zamaninku ba ya ƙarewa da wuri."

"A zamaninmu shugaban makaranta yakan tsaya a bakin ƙofa da safe, ya duba farce, ya duba wuyan riga, sa'an nan ya dafa kan kowa, ya kira sunansa, ya sa masa albarka. Albarka mai suna, ba irin taku da ke mutuwa in caji ya ƙare ba."

"To mai sunan na zo karɓa. Sa mini in wuce."

"Da wannan fuskar? Dube ni kamar bunsuru. Mai askina ya tafi ganin gida. Ga aska nan, ki gyara mijinki tukuna."

Dariyar ta ɗauke daga fuskarta.

"Kaka, ba wasa ba." Ta miƙa masa hannun dama. "Duba."

Yatsun suna karkarwa kamar ganye. Ya ɗaga nasa ya jera kusa da nata.

"Duba nawa. Naki rawar yara yake yi, nawa har digiri gare shi. Zaɓi wanda zai hau maƙogwarona."

"In na yanke ka fa?"

"Sai ki tari jinin ki kai wa shugabarku, ki ce ga shi kin samo ba wahala."

"Jininka? Ai shayi kawai za su gani a ciki."

Ta ajiye jakar. Ta ɗaura masa tawul a wuya, ta jiƙa burushi, ta goga a sabulu, ta shafe masa fuska da kumfa har hanci. Da ta buɗe askar, hasken safiya ya faɗa kan kaifinta. Kaka ne ya wasa ta da kansa jiya, ya san abin da take iya yi. Ya haɗa hannuwa a cinya don kada ta ga sun ƙara rawa.

"Wannan fatar ai sai an yi mata guga kafin aski," in ji ta.

"Ja ta da babban yatsa. Kwantar da bakin askar, kada ki tsayar da shi. Ki dubi wurin da za ki, ba idon mai wurin ba."

Askar ta taɓa kuncinsa, tana tsalle kaɗan-kaɗan. Sai ya buɗe baki.

"Kin san ranar da aka haife ki na leƙa cikin zani na ce a mayar, ba a gama ba?"

"Ai ni ma ranar na buɗe ido na gan ka, shi ya sa na yi ta kuka."

"Kuka? Ihu kika yi har maƙwabta suka fito da bokitin ruwa."

"Sun zo wanke ka ne. Juyo nan."

Ya juya. Askar ta sauka daga kunne zuwa haɓa a tafiya ɗaya. Ta goge kumfar a tawul.

"Ni fa sakinki zan yi, Amarya. Ba girki, ba ladabi, ga baki."

"Ka sake ni wa zai kwashe ka?"

"'Yan mata layi suke yi a ƙofar nan."

"Layin me? Rediyon da sai an mare shi yake magana? Ko kwat ɗin nan da asu ya yi wa tagogi?"

"Kwat ɗin nan ya girmi ubanki, ki riƙa gaishe shi."

"Na gaishe shi jiya, maɓalli ya faɗo."

"Ya sunkuya ne ya amsa. Shi yana da tarbiyya."

Ta ƙyalƙyale da dariya, amma Kaka ya lura hannun bai yi dariya tare da ita ba. Ya tsaya inda yake, ya jira ta gama, ya ci gaba. Ta gama ɗaya kuncin, ta zagaye haɓa, ta taɓa saman leɓe, sa'an nan ta sa yatsa biyu ta ɗaga masa kai.

"Yanzu ka yi shiru, tsoho. Ko yawu kada ka haɗiye."

Ya yi shiru, yana kallon rufin baranda. A titi wani yana tayar da babur, yara suna wucewa makaranta da surutunsu. Ya ji sanyin ƙarfe a maƙogwaro, ya ji babban yatsanta ya ja fatar, askar ta hau a hankali, ta sauka, ta sake hawa. Numfashinta a kwance yake. Ta jiƙa gefen tawul ta share masa wuya.

"Shi ke nan. Ka ragu da shekara biyu, saura ɗari."

"Miƙo hannun nan."

Ta miƙo. Suka dube shi tare. Ko motsi.

"Kai," in ji ta a hankali.

"Kin bi ta kan maƙogwaron mutumin da ke zaginki, ko ɗigo bai fita ba. Mece ce kuma jijiyar mutumin da ya miƙo hannu yana neman taimako?"

Ya riƙe hannun da nasa biyu masu rawa. Ya kira ta da sunanta na gaskiya, ba Amarya ba, har ta sunkuyar da kai.

"Ubangijin da ya tashe mu yau, ba don mun fi kowa ba, ya riga ki isa wurin aikin nan. Ya sa hannun nan ya zama mai sauƙi ga mai tsoron allura. Jijiyar da ta saba ɓuya ta fito ta gaishe ki. Mai faɗa ya manto faɗansa a gida. In kuwa kin kuskure, ya ba ki bakin cewa a yi haƙuri, da zuciyar sake gwadawa, don ba a kan allura ɗaya ya rataye ranki ba. Ya sa shugabarki ta ga abin da na gani yanzu. Ki fita da salama, ki dawo da salama."

"Amin," ta ce. Ta share ido da bayan hannu, ta kurɓi shayinsa, ta yamutsa fuska. "Ba sukari. Mijin rowa."

Ta ɗauki jaka ta nufi ƙofar gida da sauri. Kaka ya jawo madubi don ya yaba aiki. Kunci sumul, haɓa sumul, wuya tas. Gashin baki kuwa, na dama yana nan fari ƙal yadda yake, na hagu babu shi ko sili.

"Ke! Dawo nan!"

Ta leƙo ta bayan ƙyaure.

"Na san halinka, Ango. Ina fita za ka ɗauki sanda ka tafi gindin bishiya wurin abokanka, ku yi ta gardamar jarida, ka manta da ni. Yanzu sai ka zauna a gida ka ci gaba da addu'ar."

"Ni? Mutumin da bai taɓa fita da maɓalli a buɗe ba?"

"Shi ya sa. In na ci, in dawo in daidaita maka. In na faɗi, haka za a binne ka."

Ya sake duban madubin. Ya motsa leɓe, rabin gashin ya ɗaga shi kaɗai. Dariya ta kama shi har tabarau ya zame, har da tari.

"Kin ci ni, ja'ira! Jeki. Yau babu mala'ikan da zai huta da jin sunanki."

Ƙyauren ya rufe. Kaka ya ninke tawul, ya juya kujerarsa ta ba titi baya, ya haɗa hannuwa, ya fara.